Dodo ne ko fatalwa? Amsoshin tambayoyinku

Tambaya: Malam, na kalli sabon fim ɗin Frankenstein na 2025 a Netflix. Muna ta musu da abokaina, su sun ce abin da ke cikinsa fatalwa ne, ni na ce dodo ne. Wa ya yi daidai?

Amsa: Kai ka fi kusa da gaskiya, ɗana, amma bari in fara da abin da ya daɗe yana ci mini tuwo a ƙwarya. Yaran yanzu duk abin da ya ba su tsoro sai su ce aljani, in sun gaji su ce fatalwa, kamar Hausa ta talauce. Fatalwa mamaci ne da ake cewa ya dawo yana yawo, ana ganinsa ba a taɓa shi. Aljani jinsinsa daban, daga wuta aka halicce shi. Maye mutum ne kamar kowa, yana cin kasuwa da ku, kurwa yake kamawa. Dodo kuwa na tatsuniya ne, ƙato mai jiki, mai haɗiye mutane.

To, a littafin da aka ɗauko fim ɗin daga cikinsa, wanda marubuciya Mary Shelley ta fitar a 1818, Victor Frankenstein, ɗalibi a Ingolstadt ta ƙasar Jamus, ya tattaro sassan jiki daga makabarta da mahauta, ya harhaɗa ƙato mai tsawon ƙafa 8. Abin yana cin abinci, yana jin sanyi, har magana ya koya ta hanyar laɓewa yana sauraron wasu iyali. Ina fatalwa a nan? Dodon ma ba da son raina na yarda ba, don dodonmu na tatsuniya ba ya kukan kaɗaici, ba ya roƙon a yi masa mata. Kuma ku daina kiransa Frankenstein. Wannan sunan wanda ya haɗa shi ne. Shi ko zanen suna ba a yi masa ba.

Tambaya: Daidai ne a ce Victor ya halicce shi?

Amsa: A'a. Halitta ta Allah ce. Ka ce ya harhaɗa shi.

Tambaya: Malam, 'yarka ce daga Damagaram. Karin maganar nan, "in za ka gina ramin mugunta, gina shi gajere", ta dace da Victor?

Amsa: Ba ta dace ba, 'yata. Ramin mugunta sai da niyyar cutar da wani, Victor kuwa bai haƙa wa kowa ba. Zumuɗin ilimi da son suna ne suka ja shi, da abin ya buɗe ido sai ya tsere ya bar shi. Wadda ta hau kansa ita ce "kowa ya ɗebo da zafi, bakinsa". Sai dai ita ma da ɗan saura, don zafin bai tsaya a bakinsa ba: a littafin ƙanensa William ya mutu, amininsa Clerval ya mutu, amaryarsa Elizabeth ta mutu a daren aurensu. Guillermo del Toro, daraktan fim ɗin, ya sassauta ƙarshen a fim ɗinsa, ya haɗa Victor da dodon a jirgin ruwa cikin ƙanƙara har dodon ya yafe masa. A littafin, gawar Victor dodon ya tarar. Ni na littafin ya fi kwanta mini.

Tambaya: Me ya sa ake cewa "fim ɗin horo"?

Amsa: Kalmar Turanci ce, "horror", aka tauna aka tofar. Horo a Hausa tarbiyya ce ko hukunci. Ka ce fim ɗin ban tsoro, ka huta.