Amsa ga Maman Ummi kan 'yarta mai son koyar da rawa

Salamu alaikum Maman Ummi, na ga tambayarki cewa Ummi ta dage sai ta zama mai koya wa amare rawa, har tana ce miki akwai karatun motsin jiki, ke kuma kina tsoron kar abin ya zama shiririta. Yaya ki kwantar da hankalinki, ni na daɗe ina buga wa wata innarmu dalluka, wato gangar matan Sudan, a nan garin Gadarif na Sudan, ita ke shirya amaren unguwa, Hausawa da Larabawa duk wajenta ake kawowa, kuma wallahi aikin ido ne kafin na ƙafa.

In amarya ta zo inna ba ta farawa da kiɗa, sai ta ce 'yata ɗebo min ruwa a randa, ta zauna tana kallon tafiyarta, wace ƙafa ce ke ɗaukar nauyi, wace kafaɗa ce a ɗage, ko tana riƙe numfashi saboda kunya. Rawar wuyan nan ta Sudan da ake tura ƙirji gaba a kwantar da kai baya, yarinya in ta ja da wuya kawai gobe ba ta iya juyawa, to inna sai ta ɗora tafin hannu a ƙugunta ta ce daga nan zai taso, saki numfashi, kuma nan take za ki ga har fuskar ta canza.

Maganar karatu kuwa gaskiya Ummi ta faɗa. Akwai Rudolf Laban, shi ya fitar da hanyar rubuta rawa a takarda a 1928, ya ce a duba abu huɗu a kowane motsi, nauyinsa da saurinsa da inda ya dosa da ko a sake yake ko a ɗaure. Ɗalibarsa Irmgard Bartenieff, haifaffiyar Jamus a 1900, da ta koma Amurka ta karanci gashin ƙashi ta yi aiki da masu shan inna a asibiti da wannan ilimin, a 1978 ta kafa cibiyar wannan karatun a New York. Inna ba ta taɓa jin sunansu ba amma abin da take dubawa kenan.

Kuɗin dai na lokaci ne, bayan sallah biki ya yi yawa sannan a yi shiru, tun yaƙin da ya ɓarke a Sudan a 2023 ma aikin ya ƙara ja baya, ga ciwon gwiwa da surutun mutane duk da mata zalla ne a ɗaki. Shi ya sa nake ganin ki bar ta ta zauna ƙarƙashin babbar mace da kika yarda da tarbiyyarta, amma kar ta saki makaranta, in da hali ta karanci gashin ƙashin nan ta haɗa biyun. In kin amince ki turo ta ranar da muke da amarya ta zauna gefe ta kalla tukunna.