Tambaya da Amsa: Shin "You killed it" yabo ne ko zargi?

Tambaya: Malam, ni ɗaliba ce a shekarar ƙarshe ta jami'a. Kwanakin baya na gabatar da sakamakon bincikena a wani taro da aka yi ta intanet, kuma da na kammala sai wata malama Ba'amurkiya ta rubuto mini cewa "You killed it!" Gabana ya faɗi, domin iyakar sanina kill kashewa ce, har na ɗauka cewa na ɓata aikin. Me take nufi, kuma ya halatta in yi amfani da irin wannan magana a rubutuna?

Amsa: Malama, ki kwantar da hankalinki, domin yaba miki ta yi, kuma yabo mai ƙarfi. Abin da take nufi shi ne kin yi bajinta, kin burge masu sauraro, ba ki bar wata kafa da za a soki aikin ba. Duk da haka tsoron da kika ji yana da dalili, saboda kalmar tana da ma'anoni hawa-hawa, kuma wasunsu kishiyoyin juna ne.

Ma'anar farko ita ce wadda kika sani, wato raba mai rai da ransa. Masu binciken asalin kalmomi sun nuna cewa a Ingilishin ƙarni na 13 kalmar na nufin bugu ko duka ne, kafin ta koma nufin kisa. Daga nan aka faɗaɗa ta zuwa abubuwan da ba su da rai, kuma a wannan fanni Bahaushe ba zai sha wahala ba, tunda mu ma haka muke yi da "kashe". Idan aka ce wa direba "kill the engine", a kashe injin mota ake nufi, "kill the lights" kuma a kashe fitilu. 'Yan majalisa kan kashe ƙudurin doka, editan jarida kan kashe labari ya hana a buga shi, maganin rage raɗaɗi kuwa painkiller ake kiransa. Waɗannan duk karɓaɓɓen Ingilishi ne da za ki tarar a ƙamus da jaridu, sai dai na injin da na fitilu sun fi dacewa da maganar baki.

Hawa na biyu shi ne na zuzutawa. Wanda ya wuni a tsaye ya ce "My feet are killing me" ba mutuwa zai yi ba, ƙafafunsa ne ke masa ciwo ƙwarai. Haka nan wanda ake ba labarin ban dariya yakan ce "You're killing me", daidai da yadda muke cewa wane ya kashe mu da dariya. A Amurka masu sana'ar barkwanci a kan dandamali sukan ce ɗan wasa ya yi kill idan ya sa jama'a dariya har suka riƙe ciki, idan kuma wasan bai karɓu ba sai su ce ya mutu a dandamali. Maganar da aka rubuto miki ta wannan gida ce, kuma yanzu ana faɗa wa mawaƙi da ɗan ƙwallo da wanda ya yi nasara a ganawar neman aiki. Idan kika ji an ce "She is killing it", ana nufin tauraruwarta na haskawa a abin da ta sa gaba.

Abin da nake so ki riƙe da kyau shi ne kalmar da ke biye da aikatau ɗin. A maganar yabo, wannan it ba ta nuni ga wani abu takamaimai da aka ambata a baya. Amma da wani zai ce ya manta bai ba shukarsa ruwa ba, sannan ya ƙara da "I killed it", to shukar ce ta mutu, babu wani yabo a ciki. Haka kuma da malamar ta rubuta "You killed the discussion", da zarginki take yi da kashe wa mutane gwiwar tattaunawa. Alamar motsin rai da ta sa a ƙarshen jimlar, da kuma lokacin da ta aiko da saƙon, su ma shaida ne cewa murna take taya ki.

Ina kuma jan hankalinki da kada kamannin kill da "kashe" su yaudare ki, domin ba ko'ina suke tafiya tare ba. Mu muna kashe kuɗi, amma Bature bai san "kill money" ba, spend yake cewa. Zaman kashe wando ma, idan kika juya shi kalma da kalma, babu wanda zai gane rashin aikin yi kike nufi.

Game da rubutu kuwa, ra'ayina shi ne ki bar "killed it" ga hira da saƙonni tsakaninki da ƙawaye ko abokan karatu. A kundin digiri, ko jarrabawa, ko takardar neman aiki, ki rubuta "performed very well" ko "did an excellent job", saboda mai duba takarda zai ɗauki waccan a matsayin sakaci da harshe. Ita kuma malamar, ya wadatar ki amsa mata da godiya a taƙaice, ki nuna kin ji daɗin cewa jawabin ya gamsar da ita.