Zuwa Tsaunin Mambila a Kan Babur

Tambaya: Malam, mu huɗu ne 'yan Kantin Kwari, muna so mu zaga ƙauyukan Mambila a kan babur, muna kwana a gidajen mutane. Zai yiwu? Daga wani mai karatu a Fagge.

Amsa: Zai yiwu ƙanena, amma kada ku taso da baburanku tun daga Kano. Ku shiga mota zuwa Jalingo, ku bi ta Bali da Serti har Gembu, hedkwatar ƙaramar hukumar Sardauna. A can za ku ɗauki ɗan gari mai babur, wanda ya san hanya kuma yake jin Fulatanci. Hawan tsaunin da ke farawa daga garin Mayo Selbe, kafin a kai Gembu, kwana-kwana ne, ga rami a gefe. Wanda ya saba da titin Zariya kawai zai sha wuya.

Ku je da rani, tsakanin Nuwamba da Fabrairu, don da damina jar ƙasar nan santsi take yi. Ku riƙe rigunan sanyi masu kauri da hular kwano.

Idan kun isa ƙauye, ku fara gaida mai gari, shi zai ba ku masauki. Ku tafi da goro da sukari na matan gida. Ku leƙa gonar shayi ta Kakara, ni dai tana burge ni ƙwarai.