Tambaya da Amsa: Kalifar Birkin Baya, A Gyara Ko A Sayi Sabuwa?

Tambayoyin wannan makon kusan duk a kan birkin baya suka faɗo, shi ya sa na haɗa su wuri guda. Kalifa dai ita ce ƙarfen da ke rungume da faifan birki. A cikinta akwai fistin, wanda man birki ke turawa ya matse fad, wato abin da ke goga faifan don tsayar da taya.

Tambaya: Tayar baya ta dama tana ɗaukar zafi, idan na tsaya har ƙauri nake ji, motar kuma ta ƙara shan mai. Bakanikena ya ce kalifa ce ta kama, in sayo sabuwa. Wani kuma ya ce fistin da robobi kawai zan saya a gyara ta. Wanne zan bi?

Amsa: Malam, kada ka sayi ko ɗaya tukuna. Ba fistin kaɗai ke sa birkin baya ya riƙe ba, kuma sau da yawa shi ake ɗora wa laifi alhali ba ruwansa.

Ka sa a ɗaga motar, a tokare ta da ƙarfen tokara, ba jak kaɗai ba, a cire tayar. A taka birki da ƙarfi a saki, a juya faifan da hannu. Idan ya ƙi juyawa, a ɗan kwance ƙaramin notin fitar da iska da ke saman kalifar. In mai ya yi tsartuwa kuma faifan ya saki nan take, to kalifarka lafiyarta ƙalau. Galibi tiyon roba ne ya ruɓe daga ciki, yana barin mai ya shiga amma yana hana shi komawa. Daga waje tiyon zai yi kyau, shi ya sa yake yaudarar mutane. In faifan bai saki ba, a duba wayar birkin hannu: a zare ta daga hannun da ke bayan kalifar, a ga ko hannun yana komawa mazauninsa da kansa. Sannan a zaro ƙusoshin nan biyu masu santsi da kalifar ke zamewa a kansu. Ya kamata su shiga su fita da yatsu kawai. Wanda sai an buga shi da guduma ya fito, shi ne ɓarawon, kuma maganinsa wankewa da sabon giris da sabuwar roba. Sai duk waɗannan sun fita daga zargi za a koma kan fistin.

Idan fistin ɗin ne, ga yadda nake yanke hukunci. A ciro shi a wanke gidan. A cikin gidan akwai wani siririn rami da ya zagaye shi, inda robar da ke tare mai take zama. In ramin nan yana nan sumul, notin iska yana kwancewa, hannun birkin hannu yana motsi ba gardama kuma babu jiƙar mai a gindinsa, to a gyara. Sabon fistin da robobi za su mayar da kalifar yadda take, kuma ni na fi yarda da kalifar da ta zo da motar idan an gyara ta da kyau a kan sabuwa marar suna da ba a san wanda ya ƙera ta ba. Amma in tsatsa ta cinye bakin ramin, ko notin iska ya karye a ciki, ko mai yana tsiyaya ta wajen hannun birkin hannu, ka sayi kalifa kawai. Ɓangaren nan na baya yana da ƙananan kaya da yawa, ba kowane bakanike ke iya mayar da su daidai ba, kuma kuɗin aikin zai iya cinye rangwamen da kake hange.

Ta hannu kuwa, wadda aka ciro daga wata motar, sai dai in ka ɗauke ta a matsayin gida da za a sa wa sababbin robobi. Shekarun robarta ɗaya da naka, ko ma sun fi.

Tambaya: Na zo canza fad ɗin baya da kaina. Na gaba na tura fistin da matsi ya koma, amma na baya ya ƙi ko motsi. Na ƙara ƙarfi har na ji wani abu ya yi ƙara. Ya mutu ne?

Amsa: Ƙanena, da alama da ransa ka same shi. A motoci da yawa, irin su Volkswagen Golf da Honda Civic masu faifai a baya, birkin hannu yana cikin kalifar ne. A tsakiyar fistin akwai sanda mai zare. Idan ka ja birkin hannu, sandar ce ke tura fistin ɗin, kuma yayin da fad ke cinyewa, fistin yana warwarowa a kan zaren kaɗan-kaɗan don cike gibin. Saboda haka ba ya komawa da turi. Sai an murɗa shi ana dannawa lokaci guda, kamar murfin kwalba. Ka dubi fuskarsa: in ka ga tsaga biyu ko huɗu, ko wasu ƙananan ramuka, na murɗawa ne. In fuskar rami ce kawai ba tsaga, na turawa ne. Irin wannan na biyun shi ne a motocin da birkin hannunsu ke da ƙananan takalma a cikin cibiyar faifan, kamar Toyota Camry da yawa.

Akwai ɗan ƙarfe na musamman da ake yin wannan aikin da shi, kuma ya cancanci kuɗinsa ko da sau ɗaya a shekara za ka taɓa shi. Ana iya lallaɓawa da filaya mai tsini, amma idan ta zame robar ƙura, wato wadda ta rufe bakin fistin don hana datti da ruwa shiga, take yagawa. Yawanci ana murɗawa ne ta hannun dama, sai dai akwai motocin da gefe ɗaya zarensa na hagu ne, don haka in ka ga fistin yana fitowa maimakon shiga, juya akalar. Ka riƙa lura da robar ƙura kada ta nannaɗe tare da fistin, ka kuma leƙa tankin man birki kada ya yi ambaliya, domin man yana cin fenti. Idan ya gama shiga, ka tsayar da tsagar daidai inda ɗan ƙullutun da ke bayan fad zai faɗa, in fad ɗin yana da shi. In ba su haɗu ba, fad zai zauna a karkace ya cinye ta gefe ɗaya.

Ƙarar da ka ji ita ce abin dubawa. Ka murɗa shi yanzu ka gani. In ya shiga sumul, kuma bayan ka haɗa komai birkin hannu yana kama tayar yana sakinta, ka tsira. In yana juyawa ba ya shiga, ko birkin hannu ya daina kama wannan gefen, kayan ciki sun lalace, sai sabuwar kalifa.

Tambaya: Na ciro fistin na ga ɗigo-ɗigon tsatsa a jikinsa. Wani ya ce in goge da samfefa in mayar. In kuma saya zan yi, me zan duba?

Amsa: Wannan shi ne gyaran gangar Auzinawa. Jikin fistin shi ne ke goga da robar da ke tare mai, don haka santsinsa ne gaba ɗaya aikin. Fistin ƙarfe yana da siririn rufi mai ƙyalli da ke kare shi. Idan tsatsa ta huda rufin, samfefa ba za ta cike ramin ba, sai dai ta kankare sauran rufin da ya rage. Ka wanke shi da man birki da tsumma mai laushi. Datti da baƙin da ya daskare za su fita. Daga nan ka bi jikinsa da farce. Duk inda farcenka ya maƙale, nan robar za ta maƙale, kuma nan mai zai bi.

Mutane ba su cika sanin cewa babu wani sifirin da ke mayar da fistin baya idan an saki birki ba. Robar nan ce. Ba zagayayyen jiki gare ta ba, kusurwa huɗu ne. Idan mai ya tura fistin, gefenta yana ɗan lanƙwasa ya bi shi, idan an ɗaga ƙafa sai ta miƙe ta jawo shi baya da abin da bai kai milimita ɗaya ba. Wannan ɗan jan shi ne ke raba fad da faifai. Robar da ta tsufa ta sandare ba ta iya yinsa, haka ma sabuwa a kan fistin mai kaushi. Shi ya sa ba na ganin hikimar sayen ɗaya a bar ɗaya. Fistin, robar mai da robar ƙura tare suke tafiya. Kuma kusan kullum robar ƙura ce mafarin ɓarnar: ta tsage, ruwa ya shiga, tsatsa ta biyo baya.

Wajen saye, sunan motar da shekararta ba su isa ba. Mota iri ɗaya tana iya zuwa da kalifar kamfanoni daban-daban, irin su TRW, ATE, Bosch ko Akebono, kuma kayansu ba sa shiga na juna. Ka kankare jikin kalifar ka nemi sunan da aka zuba a kai. Ka auna faɗin tsohon fistin da tsawonsa. Na baya sukan kasance milimita 34, 36 ko 38, akwai waɗanda suka fi haka, kuma da ido ba ka bambance 36 da 38. Ka tafi da tsohon a aljihu. Abu na ƙarshe da za ka tambayi mai kaya: fistin ɗin da kayan cikinsa yake, ko fanko ne? Da yawa fanko ake sayar da su, sai ka ciro notin zaren da sifirin da zoben da ke riƙe su daga tsohon ka mayar a sabon. Ka ɗauki hoto kafin ka wargaza, ka jera su bi da bi a kan tsumma.

Wajen haɗawa, ka cire tsohuwar roba da tsinken roba ko na itace, kada ƙarfe ya karce ramin. Ka jiƙa sabuwar da man birki mai tsabta, ka zaunar da ita ba murɗiya, ka sa robar ƙura, sannan ka murɗa fistin a hankali da hannu. In ya cije tun farko, a karkace yake. Fito da shi ka sake.

Tambaya: Wane giris zan shafa, kuma wane man birki zan zuba?

Amsa: A cikin gidan fistin, man birki kawai, ko ɗan giris ɗin da ya zo a ƙunshin robobin. Baƙin mai, giris na gama-gari, fetur da kananzir duk suna kumbura irin robar da ake yin kayan birki da ita, har ta kama fistin ɗin da ka gama gyarawa. Ko wankewa kada a yi da su. Ƙusoshin zamewa kuwa giris na silikon ake sa musu.

Man birki, ka bi abin da aka rubuta a murfin tankin. Nau'o'in man da ake kira DOT 3, DOT 4 da DOT 5.1 dangi ne, amma DOT 5 na silikon ne, ba a haɗa shi da su. Sabon DOT 4 ba ya tafasa ƙasa da digiri 230 na Salsiyos, amma idan ya sha ruwa ma'aunin yana saukowa zuwa wajen 155. Man yana jan danshi daga iska, kuma ruwan nan ne ke cin kalifa daga ciki. Kamfanonin mota da yawa suna cewa a canza shi duk shekara 2. Tunda an riga an buɗe layin, a canza gaba ɗaya, da gwangwanin da ba a taɓa buɗewa ba.

Tambaya: Motata maɓalli ake dannawa maimakon jan birkin hannu. An ce gyaran birkinta na baya sai da kwamfuta. Gaskiya ne, ko wayon kuɗi ne?

Amsa: Hajiya, gaskiya ne. A irin waɗannan motocin, kamar Volkswagen Passat daga 2005, akwai ƙaramin injin lantarki a bayan kalifar wanda ke juya sandar. Sai an umarce shi ya ja da baya kafin a tura fistin, wasu ta kwamfutar gwaji, wasu ta wani tsari na danna maɓallai da ke cikin littafin motar. Wanda ya matsa fistin ba tare da haka ba zai iya fasa kayan cikin. Ki tambayi bakaniken tun kafin ya taɓa sifana ko yana da na'urar. Kuma in injin ne kaɗai ya mutu, a motoci da dama ana samunsa shi kaɗai, ba sai kin sayi kalifa gaba ɗaya ba.

Tambaya: Gefe ɗaya ne ya lalace. Dole in gyara biyun?

Amsa: Fad dole biyun, kuma duk fad ɗin da man birki ya jiƙa ya tashi daga aiki. Kalifa ba dole ba ne, amma a ɗaga robar ƙurar ɗaya gefen a leƙa. In akwai tsatsa ko jiƙa, a yi su tare.

Tambaya: An sa mini sabuwar kalifa, an cire iska har sau biyu, amma feda tana nutsewa. Kalifar ce jabu?

Amsa: Alhaji, kafin ka mayar da ita, ka durƙusa ka dubi inda notin fitar da iska yake. A sama ya kamata ya kasance, sama da inda tiyo ya shiga. Kalifar hagu tana iya ɗaurewa a dama, sai notin ya koma ƙasa, iska kuma sama take taruwa, don haka ko an kwana ana matsa feda ba za ta fita ba. In notin yana sama, a duba inda tiyo ya haɗu da kalifar ko an sa sababbin zobba na jan ƙarfe masu tare mai, domin tsofaffin ba sa sake kamawa da kyau. Sannan akwai gibin fistin. Tunda an murɗa shi har ƙarshe, sai an taka feda sau da yawa motar na tsaye kafin ya fito ya taɓa fad, daga nan a ja birkin hannu a saki har sandar ta daidaita. In tankin ya taɓa ƙafewa lokacin aikin, iska ta shiga sama, sai a bi tayoyin huɗu duka bisa jerin da littafin motar ya bayar, wasu motocin ma sai an haɗa da kwamfuta don fitar da wadda ta maƙale a akwatin ABS, wato na'urar da ke hana tayoyi kullewa idan an taka birki da ƙarfi. Kada motar ta hau titi sai feda ta yi tauri, ta kuma tsaya cak a ƙarƙashin ƙafarka idan ka danne ta na rabin minti.