Amsa ga 'yar uwar da gasasshen wakenta ya ƙi nuna

Wa alaikumus salam 'yar uwa. Tun jiya da daddare na ga tambayarki, na bari sai gari ya waye don in ba ki amsa a tsanake. Kin ce kin yi wa dangi gasasshen wake na oben, ya yi awa huɗu a wuta amma ya fito da tauri, ga zaƙi ya yi masa yawa, kuma nan da mako biyu mutum kusan ashirin za su sake taruwa a gidanki. Da na karanta yadda kika haɗa shi, wato kin jiƙa waken, kin tsane, kin zuba tumatir da molas (baƙin ruwan rake mai kauri) da sukari da ruwan khal, kika tura oben, nan take na gane inda gizo ke saƙar. Obenki lafiyarsa ƙalau. Waken ne bai nuna ba kafin ya gamu da kayan tsami da na zaƙi, kuma waken da ya shiga cikinsu da tauri, da taurinsa zai fito ko da zai kwana a wuta.

Ni ma ta nan na faro. Karon farko da na yi shi, iyayen maigida ne da ƙannensa suka zo mana yini. Ƙamshi ya cika gida, romon ya yi kauri yana sheƙi, na ɗauko kaskon da farin cikina. Ana fara ci na lura cokula suna ture waken gefen faranti, ana tsince nama ana lashe romo. Babu wanda ya ce uffan. Bayan an tashi surukata ta same ni a kicin, ta ɗauki ƙwaya ɗaya ta matse tsakanin babban yatsa da manuni. Maimakon ta dame, sai ta rabe gida biyu, cikinta fari fat. Ta nuna min ta ce, "'Yata, wannan bai taɓa nuna ba, ado kawai aka yi masa." Ranar na ji zafin abin ƙwarai, don na so su ci su ji daɗi. Amma tun daga lokacin ban sake sa wake a oben ba sai na yi masa wannan gwajin.

Ga dalilin. A jikin wake akwai wani sinadari mai kama da danƙo da ke riƙe ƙwayoyinsa, ana kiransa pektin. Ruwa da zafi su ke sassauta shi har waken ya yi laushi. Tsamin tumatir da na khal suna hana shi sassautawa. Molas kuma, wato baƙin ruwan rake mai kauri da ke saura bayan an fitar da sukari, yana da ɗan tsami, yana kuma da kalsiyam mai ƙara ɗaure wannan danƙon. Sukari ma yana rage saurin nuna. Abin sha'awa shi ne wannan halin nasu shi ne sirrin girkin gaba ɗaya: su ne ke sa dafaffen wake ya yi awa uku ko huɗu a oben bai faffashe ya dame ba. Idan suka tarar da shi da laushi, za su riƙe masa siffarsa. Idan suka tarar da shi ɗanye, a ɗanyen za su riƙe shi.

Asalin abincin ma na masu haƙuri ne. A yankin Bostan na Amurka ya yi suna, inda Kiristocin farko da suka zauna a wurin ba sa girki ranar Lahadi, sai su ɗora tukunyar ƙasa ta wake ranar Asabar ta yi ta dahuwa a hankali, a ci da daddare a kuma ci washegari. Molas ya wadata a garin saboda cinikin da suke yi da tsibiran Karebiyan. Nasu na asali babu tumatir a ciki, daga wake sai molas da mastad (wani kayan ɗanɗano rawaya mai ɗan yaji) da albasa da kitsen alade mai gishiri. Mai jan romon tumatir da mutanen Ingila ke ci da burodi, irin na gwangwanin Heinz, wani reshe ne daban. Wanda kike son yi yana tsakanin biyun, kuma naman sa yana maye gurbin aladen ba tare da an rasa komai ba, in dai da ɗan kitse a jikinsa.

To ga yadda nake yi. Zan ba ki ma'aunin rabin kilo na busasshen wake, wanda ke isar mutum takwas zuwa goma idan akwai wasu abincin a gefe. Ke da za ki ciyar da ashirin sai ki ninka, amma ki raba kasko biyu. Kasko ɗaya mai zurfi sosai gefensa yakan ƙone tsakiyarsa na nan tsululu.

Ki nemi ƙananan fararen wake, kuma sabo. Waken da ya shekara biyu a ajiye wani lokaci ba ya nuna ko me za ki yi masa, don haka idan naki tsohon ajiya ne, wannan ma ya taimaka wajen ɓata miki aiki. Ki jiƙa shi ya kwana, awa takwas zuwa goma sha biyu, a ruwa lita biyu da gishiri babban cokali ɗaya. Na san an saba cewa gishiri na hana wake nuna. Na gwada da shi, na gwada babu shi, sau da yawa, kuma wanda aka jiƙa da gishiri ya fi laushin fata, ya fi kama ɗanɗano har ciki. Da safe ki zubar da ruwan jiƙon ki ɗauraye, hakan yana ɗan rage kumburin ciki. Ki zuba sabon ruwa ya sha kansa da kamar tsawon yatsa, ya tafasa sosai na minti goma, sannan ki rage wuta ya ci gaba a hankali. Yakan ɗauki minti arba'in da biyar zuwa awa ɗaya, wani ya fi haka. Kada ki bi agogo, ki bi yatsunki. Ki ɗebo 'yan ƙwayoyi a cokali ki hura musu iska, za ki ga fatar ta tattare ta naɗe. Sannan ki matse ɗaya. In ta dame lumus babu wani gari-gari a tsakiya, ya yi. Ki gwada huɗu ko biyar daga wurare daban-daban na tukunyar, don ba lokaci ɗaya suke nuna ba. Idan ruwan gidanku mai nauyi ne, irin wanda ke barin farin ɓawo a butar shayi, ki sa bekin soda kwatan ƙaramin cokali. Kada ki wuce haka, yana sa ɗanɗanon sabulu.

Wannan tafasar ta minti goma ba ta wasa ba ce, musamman in za ki gauraya da jan wake mai siffar ƙoda. Yana da wani guba da sai tafasa mai ƙarfi ke kashe shi, kuma tukunyar lantarkin nan mai dafa abinci a hankali ba lallai zafinta ya kai ba. 'Yan ƙwayoyi da ba su dahu ba sun isa su jawo amai da gudawa.

Ruwan dahuwar kada ki zubar. Ki tace shi ki ajiye a gefe da zafinsa, shi ne zai ba romon jiki.

Sai haɗin. Niƙaƙƙen naman sa gram 400 nake soyawa har ya yi duhu ya fara kama gindin tukunya, in zuba manyan albasa biyu yankakku su yi laushi a cikin kitsen, sai tafarnuwa. In kin samu kyafaffen nama ki yanka kaɗan ki ƙara, ƙamshin hayaƙin nan yana ɗaga abincin sosai. Daga nan tumatirin gwangwani mai kauri babban cokali uku, a soya shi minti biyu ɗanyen warinsa ya fita, molas cokali huɗu, mastad cokali ɗaya, barkono daidai bakin mutanenki. Game da zaƙin da kika yi kuka da shi: yawancin ma'aunan da ake yaɗawa suna haɗa molas da sukari kofi guda da kuma miyar tumatir ta kwalba wadda ita ma cike take da sukari, shi ya sa yake fitowa kamar alewa. Ni sukari cokali ɗaya nake sawa, wani lokaci ba na sawa sam. Khal kuwa ina ajiye shi sai ƙarshe.

Ki juye wake da haɗin a kasko mai murfi, ki zuba ruwan dahuwar har ya ɗan rufe kan waken. In babu murfi, foyil ninki biyu ya wadatar. Oben a digiri 150 na Salshiyos, awa biyu da rabi zuwa uku a rufe. Duk bayan awa ɗaya ki leƙa. Idan waken sama ya fito fili ya fara bushewa, ki ƙara ruwan dahuwar mai zafi, ludayi ɗaya, ki juya a hankali. Daga nan ki cire murfin ki bar shi minti talatin zuwa arba'in. Nan ne saman ke yin duhu, gefen kaskon ya yi wani ƙanzo mai danƙo. A gidanmu wannan ƙanzon yara ke jira, autana yakan tsaya da cokalinsa a bakin tebur har sai an miƙa masa kaskon ya kankare. Ki sauke tun romon na ɗan gudu idan kin karkata kaskon, domin yana ƙara kauri in ya huce. Sai ki ɗanɗana, ki sa khal cokali ɗaya, ki gyara gishiri. Za ki ji yadda ɗan tsamin nan ke yanke zaƙin ya farkar da komai.

Idan lokaci ya ƙure miki, na gwangwani ma yana fitar da mutum kunya, ban raina shi ba. Gwangwani huɗu masu gram 400, ki tsiyaye rabin romonsu, ki haɗa da soyayyen naman da albasar da mastad, molas cokali biyu kawai ba sukari, ki gasa a buɗe a digiri 180 na minti arba'in da biyar. Sai dai ki karanta jikin gwangwanin da kyau, don wasu, musamman na Amurka, da naman alade ake haɗa su.

Shawarar da na fi so ki ɗauka bayan ta nunar waken ita ce ki yi shi ana gobe taron. Kwanan da yake yi a firij yana sa romon ya ratsa cikin kowace ƙwaya, na washegari ya fi na ranar daɗi nesa ba kusa ba. Ke ma kin huta, ranar da gida ya cika ba kya tsaye gaban oben ana hira babu ke. Ni abin da ya sa nake son abincin nan ke nan: yana jira, ba ya ɓaci don wani ya makara, mai haƙori da marar haƙori duk suna ci. Mahaifina da ya manyanta nama ya fara gagararsa, amma wannan yakan cinye ya nemi ƙari, ina zaune kusa da shi.

Sai ki kula da ajiyar. Kada ya wuce awa biyu a waje bayan kin sauke, ki raba shi a mazubai marasa zurfi don ya yi saurin hucewa kafin ya shiga firij. Ranar taron ki yayyafa ruwa rabin kofi, ki rufe, ki mayar oben a digiri 160 kamar minti arba'in, har sai kin ga tsakiyarsa ma yana ɓararraka, ba gefe kaɗai ba. Abin da ya rage yana kwana uku zuwa huɗu a firij, a firiza kuma yana kai wata uku.

Tunda kina da mako biyu, ki gwada da kofi ɗaya na wake a ƙarshen makon nan, daga irin wanda za ki yi amfani da shi ranar. In kin dafa shi awa ɗaya da rabi a ruwa zalla bai dame a yatsunki ba, tsoho ne, ki canza shi tun da wuri. Ki dawo ki faɗa mana yadda ya kasance, in da abin gyara mu gyara tare kafin baƙinki su iso. Allah ya sa a yi taro lafiya.