An sake wa kwamfutata Windows, sauti ya ɗauke

Tambaya: Assalamu alaikum. Na sayi HP EliteBook 840 G3 'yar Beljiyam, aka sake zuba mata Windows 10, tun daga nan ta yi gum. Akwai jan kuros a kan alamar lasifika. Na sauke direban sauti na kamfanin Realtek na sa, shiru kake ji. Ko lasifikar ce ta ƙone?

Amsa: Wa alaikumus salam. Da wuya lasifikar ce, malam. Jan kuros na nufin Windows ba ta ga na'urar sauti mai aiki ba. Da lasifika ce ta mutu, alamar za ta zauna lafiya lau, sautin ne kawai ba zai fito ba.

Na fi zargin direban da ka sa, wato manhajar da ke sa Windows ta iya aiki da na'urar sauti. Mutane sun ɗauka duk kwamfuta Realtek take amfani da shi, alhali wannan samfurin Conexant ne a cikinsa. Ka tabbatar da kanka: danna madannin dama a kan Start, buɗe Device Manager, nemo na'urar sautin, wataƙila tana ƙarƙashin Other devices da alamar gargaɗi ruwan ɗorawa. Shiga Properties, sai Details, ka zaɓi Hardware Ids. Lambar da ta biyo bayan VEN ita ce ke nuna kamfanin: 10EC Realtek ne, 14F1 Conexant, 111D kuma IDT, wanda ake samu a tsofaffin EliteBook. In 8086 ka gani, ɓangaren Intel ne bai samu nasa direban ba, shi za ka fara sawa.

Cire Realtek ɗin ta Uninstall device, ka kashe kwamfutar ka kunna. Sannan ka je shafin HP, ka rubuta lambar siriyal da ke ƙarƙashin kwamfutar, ka sauke direban sautinta daga can. Manhajojin nan masu cewa za su sabunta maka direbobi duka a danna ɗaya, ban ba ka shawararsu ba. Sau da yawa su ke cusa wanda bai dace ba, ga tarkacen talla.

In na'urar ba ta fito a Device Manager ba sam, danna F10 lokacin kunnawa ka duba ko an rufe sauti a BIOS, wato saitin kwamfutar da ke buɗewa kafin Windows ta tashi. In kuma kuros ya tafi amma har yanzu shiru, jona abin sauraro na kunne. Ya yi magana a can, to yanzu kam lasifikar ce, sai ka kai wa mai gyara ya canja.