Amsa kan umarnin dakatar da gini a Tudun Wada

Malam, ka ce maƙwabcinka ya kai ƙara cewa ka ɗora bene ba izinin KASUPDA (hukumar tsara birane ta Jihar Kaduna), Babbar Kotu ta dakatar da aikin. Tukuna, an saurare ka kafin a ba da umarnin? In a bayan idonka aka yi, lauyanka ya koma gaban alƙalin ya nemi a janye shi. Ya fi sauri. In kuwa an ji ɓangarorin biyu, Kotun Ɗaukaka Ƙara da ke Kaduna za ka nufa, kuma kwana 14 gare ka.

Sai dai ɗaukaka ƙara ba ta ɗage umarnin. Kada birkila ya aza ko bulo ɗaya, raina kotu ne. Simintin nan ka ɗora shi kan katako, damina ba ta jiran shari'a.